Tuwon da Ake Yanka da Zare

A ɗakin da suke haya a unguwar Najma ta birnin Doha, kowa da ranar girkinsa. Wanda ranar ta faɗo masa shi ke cefane, shi ke ɗora tukunya, sauran su kewaye faranti ɗaya su ci. Juma'a ta Baba Gado ce tun kafin yawancinsu su san inda Doha take.

Ran nan sai Garzali, wanda ke gadi a wani babban kanti kuma shi ke tsara al'amuran ɗakin, ya zo ya durƙusa gabansa.

"Baba, mun yi shawara. Bai dace ba muna da jini a jika mu kwanta, kai da furfurarka kana tuƙa mana tuwo. Ka huta haka nan. Aruna zai karɓi Juma'a."

Baba Gado ya san irin wannan ladabin. Ya ga an yi wa wani dattijo shi a ɗakin nan. Da fari aka karɓe masa tukunya, daga baya aka riƙa zuba masa nasa daban a kwano kamar baƙo, sannan kowa ya shiga tambayarsa yaushe zai koma gida. A ɗakin maza, wanda ba ya ciyarwa baƙo ne.

"Wannan Juma'ar tawa ce," in ji shi. "Ta gabanta ma tawa ce."

Da ya so, da ya yi musu tuwo da miyar kuka da ta ji nama, su ci su manta da zancen. Amma wani abu ne ya daɗe yana masa yawo a kai.

Direba ne a gidan wasu mutanen Italiya a Al Aziziya. Uwar maigidan tsohuwa ce, ba Larabci ba Turanci, sai hannu da gira. Wata rana ya shigo mata da cefane ya tarar ta yanka baƙin yalo, irin ƙaton nan mai sheƙi kamar an goge shi da mai, ta barbaɗa masa gishiri ta ajiye. Yalon ya yi ta tsattsafo da ruwa. Ta nuna idonta, ta ja yatsa a kumatu: kuka yake, ɗacinsa ke fita. A gefe kuma tana tuƙa garin masara rawaya da sanda. Muciya a hannun tsohuwar Baturiya! Ta juye shi a kan katako, ya sha iska, ta ɗauko zare ta yanka. Ta ce sunansa polenta. Har ya koma mota yana tunanin ko wani Bahaushe ne ya ɓace a hanyar Makka tun zamanin tafiyar ƙasa, ya faɗa garinsu da tsarabar tuwo, ya mutu bai gama koya musu ba. Bayan nan ya sha tsayawa a bakin ƙofar kicin, ita kuma ba ta taɓa korarsa ba.

Juma'a da aka sauko daga masallaci, ya shiga ɗan kicin ɗinsu ya tuɓe riga. Ya matse yalon da ya bari cikin gishiri, ya soya shi a man zaitun, ya kwashe. Ya zuba albasa da tafarnuwa, ya bi da tattasai da dankalin turawa da doguwar kabewar nan da Larabawa ke kira kusa, sannan tumatir. Ya mayar da yalon, ya rage wuta.

Aruna, mai kai saƙo a babur, ya leƙo yana shinshina.

"Baba, sannu da aiki. Ina naman ya ɓuya?"

"Babu."

"Kifi fa?"

"Ka je teku, ga ta can kusa."

Aruna ya fice yana dariya. Ba a jima ba Garzali ya shigo da kaza a leda da ƙwayoyin magi a tafin hannu, muryarsa ƙasa-ƙasa kamar mai lallashin majinyaci.

"Ba komai, Baba, kowa na mantuwa. Bari in jefa wannan, babu wanda zai sani."

Baba Gado ya gitta muciya a kan tukunyar.

"Wa ya taɓa sa hannu a tukunyarka ranar girkinka?"

"Ai taimako ne."

"Kai taimakonka waje."

Ya juya ga ruwan da ke tafasa, ya riƙa sakin garin masara rawaya ta tsakanin yatsunsa kamar yayyafi yana juyawa. Hannunsa ya san tuwo, yana ta son ya ƙara gari ya tuƙe shi da ƙarfi. Ya hana shi. Masarar ta riƙa ɓulɓula tana huci, kafaɗarsa ta ɗau zafi, gumi ya sauko masa har gemu. Garzali na tsaye a ƙofa, shi ya sa ko sauya hannu bai yi ba. Da ta fara sakin gefen tukunya sai ya juye ta a kan katakon da ya wanke, ta baje kamar wata ya faɗo ƙasa. Ya yayyaga ganyen ɗoɗɗoya a miyar.

Ya ajiye katakon a tsakiyar tabarma. Ya ciro zaren ɗinki daga aljihu, ya zura shi ƙarƙashi, ya ja sama. Yanka ya fita tas.

"La ilaha illallahu," in ji Aruna. "Tela ya shigo abinci."

Suka ci. Wasu suka ƙara, wasu suka yi ta laluben abin da babu a cikin miyar. Aruna ya lashe yatsa ya ce ba laifi, sai dai kamar wanda likita ya rubuta wa mai hawan jini. Garzali ya yi loma biyu ya tsame hannu.

"Baba, ka ga abin da muke gudu. Tuwo bai tuƙu ba, miya ba nama. Gajiya ce, ba laifinka ba ne."

"Gajiya?" Baba Gado ya ɗago. "Na tuƙa tuwo tun kana goye. Haka na so shi, haka na yi shi. Ku ba Aruna Juma'a in kun ga dama. Amma daga ranar, hannuna ba zai sake shiga farantin kowa ba a ɗakin nan. Zan zauna a gadona da burodina in kalle ku kuna ci."

Babu wanda ya motsa. Samari su kewaye faranti, dattijo na gefe da gayan burodi: wannan labarin zai riga su isa gida. Aruna ya sunkuyar da kai yana wasa da zaren.

Garzali ya daɗe yana kallon katakon. Can ya miƙa hannu ya ɗauki yanka guda, ya dangwali miyar.

"Khalas, shi ke nan, Baba. Juma'a taka ce." Ya tauna, ya haɗiye. "Amma don girman Allah, ko magi ɗaya."

"Ko rabi ba zan sa ba," in ji Baba Gado, ya jawo sauran miyar gabansa.