Inda Ba A Zuba Ruwa

Norio ya ɗauko mota da mai ja-gora, ya ce yau za a nuna wa ubansa Osaka.

Uban, Genzo Kuwabara, bai roƙa ba. Manomin lemo ne a duwatsun Wakayama, ya haura tamanin, gwiwarsa ta hagu ta daina yi masa biyayya tun faɗuwar da ya yi bara a hanyar maƙabarta. Don gwiwar ya zo birni. Likita ya duba, ya ce a ci gaba da lallaɓawa. Son samu ne da Genzo ya bi jirgin safe ya koma, domin tun da ya baro gida ba wanda ya zuba wa Kinue ruwa.

Kinue matarsa ce. Ƙasusuwanta suna cikin tulu a ƙarƙashin dutsen kabarin gidansu, can saman gona, tare da na iyayensa da kakanninsa. Kullum da safe yakan hau da bokiti da ludayi, ya wanke dutsen, ya kwarara masa ruwa daga bisa har ya jiƙe sharkaf, sannan ya gaya mata yadda lemo ya kwana. Matattu suna jin ƙishi. Haka ya taso ya tarar, bai kuma taɓa ganin abin tambaya a ciki ba.

Mai ja-gorar mace ce, gajera, ta doshi sittin, tana riƙe da 'yar tuta ko da yake mutum biyu kawai za ta ja. Ta rusuna a bakin mota.

"Sunana Hatanaka. Yau kuna hannuna, Baba."

"Ni ba ubanki ba ne."

"A Osaka duk mai furfura ubanmu ne. In kun fi so in ce Yaya, to abincin rana yana wuyanku."

Norio ya yi dariya, dariyar da ta fi ƙarfin maganar. Genzo ya dube shi. Baƙar kwat ɗan nasa ya sa da baƙin takalmi, ranar da ba aiki.

Aka fara da gidan sarkin yaƙi. Genzo ya tsaya a gindin ganuwa, ya dafa wani dutse da ya fi ɗakin girkinsa faɗi. Wannan aikin maza ne. Ciki kuwa siminti ne da fitilu da lif, injin hawa bene.

"Shi sarkin da lif yake hawa?"

"Gidan ya ƙone an sake gina shi, Baba," in ji Hatanaka. "Mu nan abu ya faɗi, sai mu ɗaga shi, mu sa masa wurin sayar da tsaraba."

Daga can sama birnin ya shimfiɗu har inda ido ya gaji. Ba gona ko ɗaya. Norio ya matso, ya miƙa hannu.

"Ga unguwarmu can, Baba. Asibiti kusa, tashar jirgi kusa. Komai a shimfiɗe yake. Ba hawa."

"Na gani."

"Ba hawa ko kaɗan."

"Na ji ka tun farko."

Daga nan sai bakin kogin da ke tsakiyar kasuwa, inda mutane ke tafiya kafaɗa da kafaɗa, ƙatuwar ƙaguwar roba tana motsa ƙafafu a bangon bene, allunan talla suna ihu da rana tsaka. Hatanaka ta kutsa da tutarta kamar mai tsaga ruwa, ta dawo da ƙosai mai naman teku a 'yar kwalla ta takarda, yana tururi.

"Ku hura, Baba."

Bai hura ba. Ya jefa guda a baki, harshensa ya ƙone, hawaye ya cika masa ido. Ya haɗiye shi haka nan.

"Kai, mutanen dutse! Wuta ma sai ku haɗiye ta don kada a ce an ba ku shawara." Ta miƙa masa shayi mai sanyi. "Da Kinue-san tana nan da ta yi muku faɗa."

Genzo ya sauke kwalbar daga bakinsa.

"Wa ya gaya miki sunanta?"

"Ɗanku mana. Ya ba ni labarin gida don in san yadda zan tsara yinin. Aikinmu ke nan, baƙo bai buɗe baki ba mun san abin da yake so."

Norio yana kallon ruwan kogi kamar ya ga wani abu a ciki.

Ta karkata da su wani lungu mai daɓen dutse, wanda mutum biyu ba sa jerawa. Hayaniya ta yanke. A ƙarshen lungun akwai ɗan wurin bauta, da gunki a tsaye, gansakuka ta rufe shi ruf, ba a ganin fuska ba a ganin hannu, kore shar. Mutane sun yi layi. Kowa ya iso sai ya ɗebi ruwa da ludayi ya watsa masa, ya haɗa tafuka, ya wuce.

Da layi ya zo kan Genzo, hannunsa ya riga shi. Ya cika ludayin, bai watsa ba, ya ɗaga ya kwarara daga bisa a hankali, ruwan ya bi gansakukar ya sauka. Ya ƙara. Ya tsaya ya daɗe, har na bayansa ya yi gyaran murya.

"Wannan hannun ya san aiki," in ji Hatanaka, muryarta ƙasa-ƙasa.

"Wa yake kula da shi?"

"Kowa. Mai gidan abinci, 'yan mata masu neman miji, mashayin da ya ɓace hanya. Ba ya bushewa."

"Ashe garin nan da sauran mutane."

Iyakar yabon da Osaka ta samu a bakinsa ke nan. Norio ya ji, fuskarsa ta saki. Ya dubi agogo, ya raɗa wa Hatanaka wani abu, ta gyaɗa kai.

"Saura wuri ɗaya, Baba," ta ce. "Wanda ya fi muhimmanci."

Motar ta tsaya a gaban wani dogon bene na gilashi, mai kama da banki. Ciki darduma ce mai laushi da ƙamshin furanni. Wani mutum mai kwat ya taso ya rusuna har kansa ya kusa gwiwa.

"Kuwabara-sama. Muna ta sauraronku."

Genzo bai gaya wa wannan ma sunansa ba.

Suka hau lif. Aka shigar da su wani ɗan ɗaki mai kujeru biyu da ƙyaure a bango. Mai kwat ya ɗora kati a kan wani ɗan gilashi. Inji ya yi gurnani a bayan bango, wani abu ya gangaro ya tsaya. Ƙyauren ya buɗe da kansa. Dutsen kabari ne, baƙi, sumul, da taga a tsakiya. A cikin tagar ga fuskar akwati, an rubuta sunan gidan Kuwabara.

"Wannan na gwaji ne kawai," in ji mai kwat. "Tulunan suna ajiye a sama, ba ruwan sama, ba rana. Kun sa kati, injin ya kawo muku naku."

Hatanaka ta buɗe jaka, ta fito da lemo guda, ta miƙa da hannu biyu, fuskarta cike da jin daɗin wanda ya yi tanadi mai kyau.

"Na biya kasuwa da sassafe na nemo na garinku. Don kada Kinue-san ta yi baƙunta a sabon gida."

Genzo bai karɓa ba. Ya dubi lemon, ya dubi sunan, ya dubi baƙar kwat ɗin ɗansa. Hannun Hatanaka ya fara sauka.

"Norio-san," ta ce, "ai kun ce mini Baba sun riga sun…"

Ba ta ƙarasa ba. Ta sunkuya, ta kasa ɗagowa.

Yanzu Genzo ya gane amfanin mota da tuta. A gida zai iya daka wa Norio tsawa magana ta mutu. A gaban baƙi kuwa mutum ba ya cewa a'a. Yakan ja numfashi, ya ce zai yi tunani, ya sunkuyar da kai, kowa ya fita da mutuncinsa. Daga baya a ce ai Baba bai ƙi ba. Shi da kansa ya koya wa yaron wannan ladabi.

"Baba, ka saurare ni," in ji Norio. "Bara yini guda ka yi kwance a kan hanyar nan, da bokiti a gefenka. Ba don mai kai wasiƙu ba da a can za mu same ka. Gidaje nawa suka rage a ƙauyen da hayaƙi ke fita? Aladun daji sun ture kaburbura biyu a gefen namu. Ranar da ba ka nan wa zai hau? Ni na kusa sittin. 'Yata ko hanyar ba ta sani ba. Ma'aikatan hukuma za su liƙa takarda a dutsen, su jira, su kwashe Inna da kakanni su zuba a rami ɗaya da waɗanda ba su da kowa. Kamar na gidan Tamaki. Kai ka gaya mini."

Shi ya gaya masa. Genzo yana tsaye aka ɗaga dutsen gidan Tamaki aka ɗora a mota kamar buhun taki. Ba ƙarya a maganar yaron ko ɗaya. Genzo ya nemi mafita a dare da yawa bai samu ba.

"A nan zan riƙa zuwa duk mako," in ji Norio. "Kai ma kana iya zuwa, da sandarka, ba hawa."

Genzo ya matsa ya ɗora tafinsa a kan dutsen. Sanyi ƙalau, a bushe. Ya juya ga mai kwat.

"Ina bokiti?"

"Na'am?"

"Bokiti da ludayi."

"Ku gafarce mu, Kuwabara-sama. A nan ba a zuba ruwa, saboda injin. Wuta ma ba a kunnawa, turaren na lantarki ne. Amma muna goge dutsen da tsumma safe da yamma."

"Dutsen na wa ne?"

"Na duk wanda katinsa ya kira."

"In na fita wani ya shigo, wannan dutsen ne dai?"

"Shi ne. Sunan ne yake sauyawa."

Genzo ya janye hannunsa. Ya tuna Kinue a watanta na ƙarshe, leɓɓanta a tsattsage, yana jiƙa mata su da auduga domin ta kasa haɗiya.

Mai kwat ya san aikinsa, ya buɗe masa ƙofar fita. "Ba sai yau ba. Ku je gida ku yi tunani a tsanake."

Hatanaka ma ta matso, idonta ja. "Laifina ne, Baba, bakina ya yi gaba. Ku ce za ku yi tunani, mu je in saya muku shayi mai zafi. Wannan karon ni zan hura."

Norio yana tsaye, hannaye a gefe, kai a ƙasa, kamar ranar da ya faɗi jarrabawa. Kalma uku yake jira, waɗanda kowane dattijo mai ladabi zai faɗa.

Genzo ya karɓi lemon daga hannun Hatanaka, ya juya shi, ya duba gindinsa. Na kwarin da ke bayan nasu ne, an tsinke shi da wuri. Ya sa a aljihu, don ya kai wa Kinue gobe. Ya rusuna wa matar.

"Mai gansakukar nan, kin kyauta da kika kai ni."

Sannan ya miƙe iyakar yadda gwiwar ta bari, ya dubi ɗansa a gaban baƙi biyu, ya ɗaga murya yadda na ɗakin kusa ma za su ji.

"A'a, Norio. Ba zan yi tunani ba. Ba zan kawo ta nan ba."