Ta Tagar Hawa na Uku

Gadon ɗaukar marasa lafiya ya ƙi juyawa a kwanar matakala. Ma'aikatan motar asibiti suka gwada ta tsaye, suka gwada ta gefe, sannan babbarsu ta ce sai dai a kira 'yan kwana-kwana su sauko da shi ta taga. Haka tsofaffin gidajen Amsterdam suke, duk abin da ya fi jakar cefane girma ta taga yake shiga, ta taga yake fita.

Fenna na tsaye a ƙofa da jaririyarta Liesje a kafaɗa. Ita ta ji faɗuwar maƙwabcinta a ɗakin da ke saman nata da hantsi, ta ɗauki makullin da ya ba ta ajiya ta hau a guje. Meneer Molenkamp, wato Malam Molenkamp, tsohon da ya ƙarar da rayuwarsa yana rubuta waƙoƙi yana juya na mutanen Fotugal zuwa harshen ƙasarsa, yana kwance tsakanin tulin littattafai, leɓɓansa sun fara yin duhu.

Ya ce ba inda za shi.

"Ni ba firji ba ne, maƙwabciya. Layin nan kaf su tsaya kallona ina lilo cikin rigar barci?"

Ma'aikaciyar ta ja Fenna gefe ta raɗa mata cewa zuciya ce, lokaci na ƙurewa, kuma tunda yana cikin hayyacinsa ba su da ikon tilasta shi. A ƙasa motar kwana-kwana ta riga ta toshe titi, masu kekuna sun taru a kan gada, wasu sun ɗaga wayoyi.

Fenna ta durƙusa, Liesje na cafkar gashinta.

"Meneer, in na saka muku kwat ɗinku da hula fa?"

Ya lumshe ido yana haki. "Da takalmi."

Ta miƙa wa wani ɗan kwana-kwana jaririyar, ta ce ya tallafe mata kai da kyau, ban da jijjiga. Ta sa wa tsohon baƙin kwat ɗin da yake zuwa karatun waƙa da shi, ta ɗaure igiyar takalmi. Ya yi ƙorafi cewa ta saɓa maɓalli. Ta gyara.

Daga nan ta karɓi 'yarta ta sauka titi. Ba ta ɗaga murya ba. Ta bi mutanen ɗaya bayan ɗaya tana cewa maƙwabcinta ne zai sauko, don Allah a mayar da wayoyi aljihu. Wani saurayi ya ce ai titi na kowa ne. Ta tsaya ƙyam a gaban wayarsa har ya sauke.

Gadon ya fito ta taga a hankali a kan tsanin motar kwana-kwana. A daidai hawa na biyu, ɗan kwana-kwanan da ke tare da shi ya sunkuya a kan tsohon, ya daɗe, sannan ya yi wa direba alama da hannu cewa ba sauran gaggawa, rai ya yi halinsa.

Masu kekuna suka sauka daga kan kekunansu. Motar asibiti ta tafi ba jiniya.

Yayyafi ya soma. Fenna ta koma ɗakin tsohon da Liesje tana barci a ƙirjinta, ta janye teburinsa daga inda ruwa ke shigowa, ta rufe tagar da hannu ɗaya.