Baba Rasim Shi Kaɗai

Doruk, ɗan kawuna, ba ya motsa kyamara. Yakan kafa ta, ya ajiye mutum ɗan mitsitsi a gefe, ya bar wa sararin sama sauran wurin. Gajeren fim ɗinsa na farko ya ci kyauta a Ankara, kodayake mahaifiyarsa barci ta yi a wurin kallon. Ni ke riƙe masa makirfo, aikin da ya dace da ni, tunda ba a son in yi magana.

Fitowa ɗaya ta rage mana a wani ƙauye kusa da Kars, a gabashin Turkiyya: Baba Rasim, tsohon makiyayi, zaune shi kaɗai a benci cikin dusar ƙanƙara. Dusar ta soma narkewa, kuma gobe masu kyamarar za su karɓi abarsu. In ba a ɗauka yau ba, fim ba shi da ƙarshe.

Da aka fara, sai ga Inna Gulizar, maƙwabciyarsa, ta ratso da tiren shayi.

"A tsaya!" in ji Doruk. "Inna, don Allah, kaɗaici muke ɗauka!"

"Kaɗaicin wa? Ina raye? So kake a ce a garinmu tsoho ya zauna bakinsa a bushe?"

Aka sake. Mai aski ya zo ya zauna kusa da shi yana tambayar lafiyar gwiwarsa. Aka sake. Liman ya aiko da bargo.

"Yaro," in ji Baba Rasim, "ka ɗauke ni ina dariya mana. Haƙoran nan sababbi ne."

Doruk ya zauna a dusar ƙanƙara ya dafe kai. Rana ta karkata. Na daɗe ina juya maganar kafin na ce, "Yaya, ba za su bar baƙo ba shayi ba. Mu ma baƙi ne."

Ya dube ni, ya miƙe, ya ɗaga murya: "Inna Gulizar, sanyi zai kashe mu!"

Nan take ƙauyen ya juyo kanmu. Aka kawo tukunyar shayi bayan kyamara, da cuku da zuma da burodi mai zafi. Kowa na ɗura mana, an manta da benci.

Baba Rasim ya hango mu. Murmushinsa ya gushe. Ya dubi tururin, ya dubi hannuwansa, kafaɗunsa suka zube. Ban taɓa ganin maraici irin wannan ba. Doruk ya kunna kyamara, burodi a bakinsa.

Can tsohon ya tashi, ya taka a hankali ya fice daga hoton. Benci ya rage, da sararin sama. Doruk ya bar kyamara tana ɗauka, hawaye na bin kumatunsa.

A kunnena kuwa, ta makirfo, ina jin Baba Rasim yana tahowa: "Marasa kunya. Zumar ma tawa ce."