Hoto a Tsohon Kurkuku

"Mama, Kaka ma da wannan aka ɗaure shi?"

Yaron ya nuna sarƙar da ke jikin bango, muryarsa ta cika ɗakin. Uwar ta kawo shi zagayen babban birni ne don ya ga tsohuwar majalisa da gada. Ba wanda ya gaya mata za a biyo ta kurkukun da mahaifinta ya shiga bai fito ba.

Ɗan jagoran masu yawon buɗe ido ya yi dariya, ya tsuguna yana buɗe sarƙar. "Zo, maigida, miƙo ƙafa. Kowa a nan yake ɗaukar hoto."

Sauran masu yawon suka ɗaga wayoyi. Yaron har ya cire takalmi ɗaya.

"Malam, janye hannunka," in ji uwar, a hankali. Ta saɓa ɗanta a kafaɗa ta fice, ko takalmin ba ta waiwaya ba.

A hanya ta gaya masa gaskiya: a wannan kurkukun Kakansa ya rasu.

Kafin ki bi ɗan jagora da yaro a hannu, ki tambayi duk inda za a tsaya. Kada ki ji nauyin kowa.