Rabon Mutanen Kwari

Girgijen ya leƙo ta bakin tsaunin Tizgar baƙi ƙirin, yana tafe da ƙyar kamar saniya mai tsohon ciki, daidai lokacin da makaɗi ya ɗaga hannu zai buga gangar tashi.

Yidir na kan tudunsa, igiyar taru naɗe a hannu. Tun hantsi ake girbin girgije. Kowane gida ya kafa dirakunsa ya ɗaura tarun gashin akuya. In girgije ya faɗa, maza su janyo shi ƙasa, mata su hau shi da ƙafa suna waƙa, har ruwan ya tsiyaye cikin rijiyar gidan. Wanda tasa ta fi cika shi ake yafa wa jar alkyabba. Mahaifin Yidir da ita ya tsufa. Shi kuwa ga furfura ta fara, bai taɓa jin nauyinta a kafaɗa ba. Kowace shekara ɗan baffansa Amastan ke ɗauka, ya bi shi da tsiya, wai tarun Yidir ko hayaƙin murhu ba ya kamawa.

Bana rijiyoyinsu sun yi kunnen doki.

Dokar kuwa ba wanda bai san ta ba: da an buga ganga, kowa ya sauke taru. Duk girgijen da ya biyo baya rabon mutanen kwari ne, waɗanda ba su da tudun kafa dirka, sha'irinsu kuma shi yake jira.

Ganga ta amsa. A tudun da ke maƙwabtaka, tarun Amastan ya zube ƙasa.

"Saki, Yidir," in ji matarsa Tiziri, wadda ke riƙe da ɗaya igiyar.

Ya ce ai makaɗi bai gama ba, sai ya dire hannu ake cewa an buga. Ta dube shi, ta saki tata, ta koma gefe. Girgijen ya faɗa tarunsa, shi kaɗai ya turje har igiya ta yanke masa tafi, kafin samarin gidan su kawo ɗauki. Matan gidan suka matse girgijen ba mai waƙa. Rijiya ta tumbatsa har tana malala.

Tsohuwa Tamu, mai hukuncin biki, ta tambaye shi ko kafin ganga girgijen ya faɗa ko bayanta. Ya ce kafin. Ta waiwayi Amastan. Mutumin da bakinsa ba ya hutawa sai ya ce shi ƙaya yake cirewa a ƙafa, bai ga komai ba. Yidir ya gwammace da zaginsa ya yi.

Aka yafa masa alkyabba, aka zaunar da shi a tsakiyar fili gaban akushin kuskus da naman akuya. Bai kai loma baki ba aka ji algaitar mutanen kwari.

Tun asuba suke tasowa kowace shekara, ɗauke da kwandunan busasshen ɓaure, tukwicin girgijen da za a sakar musu. A hanya suke gamuwa da shi, ya jiƙa su sharkaf, su iso suna ɗiga suna dariya, mutanen tudu na tsokanarsu da kajin da suka faɗa randa. Yau suka shigo da ƙura har gira. Ba wanda ya tsokane su.

Mai riƙe da kwandon farko Izza ce, yayar Yidir, wadda ta goya shi bayan rasuwar uwarsu kafin aure ya kai ta kwari. Da ta ga wanda ke cikin alkyabba sai ta rangaɗa guɗa, ta rungume kansa, ta ce yau ta ga babansu ya dawo. Sannan ta juya ga jama'a tana share fuska.

"Mu kam ba mu gamu da girgijen ba. Ta wace hanya ya bi?"

Mai tari ya yi tari, mai gyaran rawani ya gyara. Izza ta bi idanun da ke gudun nata, har ta kai ga ruwan da ke malalowa daga tudun ƙanenta ya ratso gefen fili. Ta dubi tsumman da ke ɗaure a tafinsa. Ta daɗe tana kallo.

Ta ajiye kwandon a gabansa, ta zaɓi ɓaure mafi girma ta miƙa masa, kamar yadda al'ada ta ce.

"Ci, auta. Tun daga ƙasa na ɗauko."

Ya ci a gaban kowa. Zaƙin ya sa masa ƙishi, ga ruwa ko'ina, ya kasa roƙon kurɓi ɗaya. Mutanen kwari suka ci abinci cikin ladabi, suka yi godiya, suka juya tun rana ba ta faɗi ba, ba su tsaya rawa ba.

Washegari ya cika salkuna ya ɗora wa alfadaransa biyu. Tiziri ta taya shi ɗauri. Amastan ya fito ya ba shi aron salkarsa, ya koma ciki.

Rana ta take ya iso kwari. Ya tarar da Izza a bakin gonarta. Sha'irin ya yi rawaya tun bai kai gwiwa ba, bayan gonarta kuma ga ta maƙwabci, ga ta gaba da ita, har inda ido ya gaza. Ya tsaya riƙe da linzami.

Izza ta dubi salkunan, ta dubi dabbobin da ke haki, kumfa a baki. Ta shiga bukka ta fito da babbar ƙwarya ta dire a ƙasa.

"Fara ba su su sha," ta ce. "Sun sha hanya, ga kuma hawa a gabansu."

Ya kwance bakin salka ya tsiyaya. Alfadaran suka shanye, suka ɗaga kai suna jiran ƙari.