Shanu Arba'in Don Tsiro Ɗaya

A shekarar da ake ɗiban mutane zuwa haƙar kuza a Jos, abu ɗaya ya tsare Sammani mutumin Wagini: shi ke kula da lambun barikin Safana, inda Baturen rangadi kan sauka. Mai yi wa Bature aiki ba a ɗibarsa.

Lambun ma dai suna ne. Tsiro ɗaya ne a ciki, siriri kamar tsohuwar igiyar guga, an jingina shi da kara. Baturen, wanda ake wa laƙabi Mai Jan Wuya, ya zo da shi cikin gwangwani tun daga ƙasarsu. Wai sunansa kilamatis.

Ranar da zai tashi, a ƙarshen rani, ya tsaya kan tsiron yana ta magana, Ɗanjuma tafinta na juyawa.

"Ya ce kansa rana yake so, gindinsa inuwa. Ya ce ka ƙosar da shi da taki. In ya dawo da kaka ya tarar ya mutu, kai da kuza."

"Me yake haifa?" in ji Sammani.

"Ya ce fure."

"Bayan furen fa?"

"Wani furen."

Sammani bai taɓa ganin an shayar da abin da ba ya shiga tukunya ba.

Inuwa ba wuya, ya kifa wa gindin malafarsa. Takin ne ya hana shi sakat. Kwando ɗaya ai takin talaka ne. A Wagini, mai hali in yana son gonarsa ta ƙoshi, Fulani yake kira su zauna masa da shanu. To, balle gonar Bature.

Ya taka har gefen dajin Runka, ya sami wani makiyayi, Gambo. Bayan doguwar gaisuwa Gambo ya tambayi girman gonar. Sammani ya ware hannuwansa biyu.

"Kaɗo, rana ce ta buge ka?"

"Ta Bature ce."

Gambo ya yi tunani. "To shanu arba'in. Ƙasa da haka raini ne."

Aka yi magana kan dami biyu na gero, kwana bakwai. Shanu suka cika bariki har baranda. Sammani ya zauna gaban tsiron da sanda, nan yake ci, nan yake gyangyaɗi. Kwana shida ba abin da ya taɓa shi. Ran na bakwai ya juya gabas ya kabbarta azahar. Kafin ya sallame, wata jar karsana ta miƙo wuya ta tuge tsiron har saiwa, ta haɗa da rabin malafar.

"Kwantar da hankalinka," in ji Gambo. "Ai bai bar lambun ba. Zuwa gobe za ta maido maka shi."

Sammani bai yi dariya ba. Ya tafi gida ya zauna, ya ƙi tuwo. Matarsa Kulu ta gama jin labarin tana tankaɗe.

"Malam, abin nan yaɗo yake yi?"

"Haka aka ce."

"Yana fure?"

"Shi kaɗai ya iya."

"To shuka duma mana. Ya fi shi zuciya."

Ruwa ya sauka. Duma ya sami kashin shanu arba'in, ya haukace. Ya kama bango, ya haye jinka, ya toshe tagogi. Da kaka ta yi, ƙwarya ke lilo ta ko'ina, wata sai mutum biyu, har jinkar ta lotsa. Sammani kullum yana kallon hanya, yana ramewa.

Da Bature ya zo, ba Mai Jan Wuya ba ne. Shi an tura shi yaƙi. Wannan sabo ne, ko gemu bai tara ba. Ɗanjuma ya dubi jinka, ya dubi Sammani, ya kau da kai.

Bature ya ƙwanƙwasa wata ƙwarya, ya kara kunne.

"Ya ce wannan ne tsiron da aka bar maka?"

"Shi ne, ranka ya daɗe. Ƙasarmu ce ta karɓe shi."

Bature ya daɗe yana magana, fuskarsa ta yi ja don murna.

"Ya ce tsohuwarsa shekara talatin tana renon irinsa, ko ludayi bai taɓa ba ta ba. Ya ce hannu irin naka asara ne a bar shi a Safana. Leburorin kuza na fama da yunwa, ana neman wanda zai yi musu lambu. Jibi mota za ta tashi daga Katsina, da kai."

Bature ya kama hannun Sammani ya girgiza, ya sunkuya ya kutsa cikin ganye yana neman ƙofa.

Sammani ya rage murya. "Malam Ɗanjuma, da ya tarar ba kome fa?"

"Wannan? Sai a hanya na ba shi labarin tsiron. Da share wurin kawai zai sa ka yi."

Sammani ya kama hanyar gida, ya ce wa Kulu ta daka masa guzuri.