Daƙiƙa Goma Sha Ɗaya na Kuwabara

Ina ɗan shekara goma sha shida na bar makaranta. Na yi wankin kwanuka a Osaka, na yi dakon kifi, duk ban zauna ba. Sai Ushijima, wani darakta mai ƙaramin ƙarfi, ya sa ni a fim ɗinsa, ni ne ɗan da mahaifinsa ya rasu. Wuri ɗaya na dogara da shi: minti uku ina kuka ina magana a bakin ƙofa. Babu wanda ban gaya wa ba a unguwarmu.

Da na ji an yanke wurin, sai na hau jirgin ƙasa har unguwar Koenji, wurin Kuwabara mai tace fim ɗin, wadda muke kira Kuwabara-san don girmamawa. Shekara talatin tana wannan aiki, fim arba'in da ɗaya, ba ta taɓa yi wa babban kamfani ba.

"Kuwabara-san, ina kukana?"

"Zauna, sarkin kuka. Ka ci abinci?"

"Ba yunwa ta kawo ni ba."

"To kalli."

Ta kunna wurin da sauti a kashe, haka take aiki kullum. Sai ga bakina yana buɗewa yana rufewa kamar kifin da aka tsamo daga ruwa. Na sunkuyar da kai.

"In na kashe murya fuska ba ta ce mini komai ba, shara ce," in ji ta.

Ta matsar da hoton gaba, zuwa inda Ushijima ya ce a tsaya amma kyamara ba ta tsaya ba. Ga ni na durƙusa, na ɗauki takalman mahaifin da ke zube a ƙofa, na daidaita su, na juya su suna kallon waje, yadda muke yi wa wanda zai sake fita. Ban ma san na yi ba.

"Wa ya koya maka wannan?"

"Kakata."

"To ita za ka gode wa. Daƙiƙa goma sha ɗaya ne. Su na bari."

An fara nuna fim ɗin a wata silima mai kujera arba'in. Da aka zo wurin, ko tari babu wanda ya yi. Dattijon da ke kusa da ni ya cire tabarau, ya daɗe bai mayar ba.

Da muka fito Ushijima ya ce yana so na a fim na gaba. Na ce sai in Kuwabara-san ce za ta tace.